Yadda na sauya wa injin Kawu sarƙa

Injin yankan itacen da ke hannuna na kawuna ne, Stihl MS 381, mai takobi inci 25, wato dogon ƙarfen da sarƙa ke zagayawa a jikinsa. Da shi ya ci da iyalinsa shekara da shekaru a ƙauyukan da ke kewaye da Jega, yana yi wa mutane sara da datsa, har ciwon baya ya zaunar da shi. Duk zaman da na yi ina binsa, abin da ya sakar mini bai wuce ɗaukar jarkar mai da jan rassa da wasa haƙora da magagari ba. Kwance inji kuwa ba ya yarda kowa ya yi sai shi. Don haka sarƙar da na sa a farkon daminar nan ita ce ta farko da na sa da hannuna, shi yana kishingiɗe a tabarma yana ba da umarni.

Iskar da ke zuwa gaban hadari ce ta kayar da wani tsohon dogon yaro, ya tare hanyar maƙabarta, mai unguwa ya aiko a zo a datsa. Ina ɗora injin a kan gungumen sai na ga gari yake zubarwa, mai laushi lilis. Sarƙa mai kaifi ɓarɓashi take fesowa mai faɗi-faɗi, kuma injin da kansa yake nitsewa cikin itace, kai dai riƙo ne naka. Wannan kuwa sai na danna da ƙarfin kafaɗa, yankan yana karkacewa gefe ɗaya, hayaƙi yana tashi daga tsagar. Na kashe, na bi haƙoran da magagari, na sake tayarwa, ba ta sauya zani ba.

Da na kawo wa Kawu, ya juya injin a cinyarsa, ya sa babban yatsa a kan haƙori ɗaya.

"Wagga ta gama aikinta," in ji shi. "Mi kaka wasawa nan? Babu sauran ƙarhe."

A saman kowane haƙori, can wajen ƙarshensa, akwai ɗan layi da aka zana tun daga kamfani. Shi yake nuna maka karkatar da za ka riƙe magagari, shi ne kuma iyaka. In wasawa ta cinye haƙori har ta iso layin, sarƙa ta ƙare, don abin da ya rage siriri ne, yana iya ɓallewa ya yi tsalle. Tamu ta iso layin a yawancin haƙoran, biyu ma sun riga sun guntule. Ga shi ta miƙe, sukurun da ake ɗaure ta da shi ya kai maƙura amma tana reto a ƙasan takobi.

Sarƙa ba ta daɗewa a ƙasarmu, ba kuma laifinta ba ne. Ɓawon itace yana shan ƙurar hunturu da yashi watanni, yashi kuwa shi ne maganin kaifi. Bishiyar cikin gari ta fi ta daji mugunta, domin babu wadda mai shayi ko mai nama ko masu manna hoton 'yan takara ba su kafa wa ƙusa ba, itacen ya girma ya haɗiye ta, ba ka sani sai ka ji ƙara ka ga tartsatsi. Ka ƙara da kirya da marke masu tauri, da giginya da ake tsagawa a yi azara, wadda zarenta ke dakusar da haƙori nan da nan.

Washegari da zan shiga Jega, Kawu ya ce in kwance takobin in haɗa da tsohuwar sarƙar in tafi da su. Na ce ai sunan injin ya isa.

"Tahi da su," ya ce. "Suna ba shi sayen sarƙa."

A shagon na gane abin da yake nufi. Ina cewa sarƙar inji nake so, yaron shago ya zaro wata daga kwali ya miƙo, sabuwa fil, tana ƙyalli. Ta ƙananan injinan Sin ce masu lamba 5200 da 5800 da suka cika kasuwa yanzu. A ido ba ka ganin bambanci sai ka jera su gefe da gefe. Maigidansa, wani dattijo da ke zaune a ciki, ya karɓi takobin daga hannuna ya goge gindinsa da tsumma yana neman rubutu. Lambobi uku ake bugawa a wurin, su ne sarƙa take tafiya da su, amma namu shekaru sun goge rabi. Sai muka koma kan tsohuwar sarƙar muka fitar da su ɗaya bayan ɗaya.

Ta farko ita ce tazarar gaɓoɓi. Ana auna tsakanin ƙusoshi uku da ke jere a jikin sarƙar, a raba biyu. Tamu 3/8 na inci ce. Ta injinan Sin ɗin nan yawanci 0.325 ce, ta babban injin Stihl 070 da masu tsaga katako ke ɗauka a kafaɗa kuma 0.404. In tazarar sarƙa ba ta yi daidai da ta siforoket ba, wato ɗan ƙarfen mai haƙora da ke jan ta, ba za ta ma zauna ba, in ka tilasta ta zauna to za su cinye juna. Ta biyu kaurin ƙafafun sarƙa, waɗanda ke gudu a cikin tsagin takobi. Tamu milimita 1.6 ce, kuma an buga lamba 6 a jikin kowace ƙafa, ana ganinta in an goge datti. Wadda yaron ya miƙo 1.5 ce. Wannan ta fi ta farko hatsari don tana shiga tsagin lafiya lau, sai ka za ta yi, alhali tana rawa a ciki, yankan ya riƙa karkacewa, ta riƙa cin gefen tsagin. Ta uku yawan ƙafafun. Dattijon ya ɗaura zare a ƙafa ɗaya, muka bi da yatsa muna ƙirgawa har muka dawo kan zaren, 84. Ya ce kada in taɓa dogara da tsawon takobi kawai, don takobi biyu masu tsawo ɗaya daga kamfani daban-daban na iya bambanta da ƙafa ɗaya ko biyu, ƙafa ɗaya kuwa ta isa ta hana sarƙa ɗauruwa.

Iri biyu yake da su. Akwai ta kwali wadda ta zo a haɗe, akwai ta naɗi, doguwa mai tsawon kusan mita 30 da ake yanko maka gwargwadon ƙirgenka a haɗa bakin da ƙusa. Ta naɗin ta fi sauƙi, kuma ba ta da aibi in mai haɗawa ya iya, amma mahaɗar ita ce wurin da za ka duba da kyau, ka lanƙwasa ka ji tana motsi sumul kamar sauran gaɓoɓin, kan ƙusar kuma bai tsage ba. Akwai kuma wata mai arha sosai da aka buga wa sunan babban kamfani a kwali, shi da kansa ya ce mini jabu ce, ya ajiye ta ne don masu cewa ita suke so. Araha ba ta ado. Na ɗauki ta kwalin mai kyau, na haɗa da sabon magagari mai kauri milimita 5.2, wanda shi ne na wannan sarƙar. Magagarin 070 ya fi shi kauri, 5.5 ne, mutane da yawa shi suke zura wa kowace sarƙa.

Ina ƙirga kuɗi ya tambaye ni, "Malam, siforoket ɗin fa? Yaushe aka sauya shi?"

Na ce, "Wallahi Alhaji, tun ina bin Kawu ban ga an sauya ba."

Ya girgiza kai ya ce in tambayi duk ɗan kabu-kabun da na ga dama a bakin tasha, babu mai sa wa babur sabuwar sarƙa a kan tsohon siforoket sai wanda yake son ya dawo kasuwa wata mai zuwa. Na ɗauka ciniki yake nema, na kira Kawu a waya. Kawu ya yi shiru kaɗan, sannan ya ce, "Awo, gaskiya tai. Sawo." Littafin injin ma haka ya ce, sarƙa biyu siforoket ɗaya, ko kuma da zarar ramin da sarƙa ta ci a jikinsa ya wuce rabin milimita. Dalilin a fili yake. Tsohuwar sarƙa da tsohon siforoket tare suka lalace, kowanne ya saba da gurbin ɗan'uwansa. Sabuwa in ta hau wannan gurbin, ƙafafunta ba sa sauka inda ya kamata, sai su daddauje, ta miƙe tun ba ta yi aikin kirki ba. Namu irin zobe ne mai gurbi 7, wanda ake zarewa shi kaɗai ba tare da kwanon kuloci ba, kuɗinsa bai kai rabin na sarƙar ba.

Da dare na zuba mai a tsohon kwano na jiƙa sarƙar ta kwana a ciki, don mai ya ratsa cikin ƙusoshin kafin ta fara gudu.

Da safe na shimfiɗa buhu a ƙofar zaure, saboda noti ko boris in ya faɗi a yashi ya ɗauko abin da zai ci injin. Na tabbata makunni yana kashe, na cire hular fulogi, na sa safar hannu. Na jawo hannun birki baya, wajen mariƙi, har ya yi ƙas, don kwanon kuloci ya samu juyawa. Noti biyu ne ke riƙe da murfin gefe, sifana mai lamba 19 ke kwance su. Na cire murfin, na sassauta sukurun ɗauri, na tura takobin baya, tsohuwar sarƙar ta zube da kanta. Wannan duka bai kai tafasar shayi ba.

Abin da ya ci lokaci shi ne shara. Bayan murfin cike yake da dusar katako da mai, sun dunƙule sun yi baƙi. Na kankare da tsinke, na wanke da ɗan fetur da tsohon buroshi. Daga nan na zare ɗan makullin da ke bakin sandar injin da kan sukudireba, tafin hannuna a kansa don yana da tsalle, in ya tafi sai an share tsakar gida. Wasa, wato ɗan faifan ƙarfen da ke bayan makullin, ta fito, zoben ya fito. Da na jera shi da sabon sai kunya ta kama ni a madadin Kawu, ramin da sarƙa ta haƙa a jikinsa farce yana shigewa ciki. Shi ko a jikinsa, ya ce zoben ya biya kuɗinsa tuntuni. Tunda na riga na buɗe, na zaro kwanon kulocin, na wanke ɗan boris ɗin da ke ciki na shafa masa giris. A nan ne Kawu ya tashi zaune.

"Dibi bakin kwanon, akwai 'yar tsaga. Ka ga wancan tsinken waya? Shi ka tuƙa famfon mai. In ba su gamu ba, sarƙa ba ta samun mai ko ɗigo."

Na juya kwanon a hankali har tsagar ta faɗa kan wayar, ya zauna daram. Na sa sabon zoben, wasa, makulli.

Takobin ma yana da nasa. Na bi tsaginsa da guntun bakin zarto na fitar da dattin da ya daskare tun daga hanci har gindi, na zura waya a ƙaramin ramin da mai ke bi ya shigo tsagin, wanda na tarar a toshe rabi. Gefen takobin ya yi kaifi ya lanƙwaso waje saboda gugar sarƙa, na kwantar da shi da magagari mai faɗi. Na auna zurfin tsagin da tsinken ashana na gwada a rula. Ga sarƙa irin tamu bai kamata ya gaza milimita 6 ba, in ya gaza ƙafafun sarƙa za su riƙa dukan ƙasan tsagin, takobin ya tashi aiki. Namu da sauransa. Sannan na kifa shi, gefen da ke ƙasa ya koma sama. Ƙasan ne ke shan yawancin aikin yanka, in ba a juyawa gefe ɗaya zai cinye ya bar ɗaya. Shi ya sa za ka ga inji rubutun takobinsa a kife, ba rashin sani ba ne.

Sai sa sarƙar, inda kowa ke tsoron juya ta baibai. Haƙorin sarƙa ba irin na zarton kafinta ba ne. Lanƙwasasshe ne, ɗaya na kallon dama na bayansa na kallon hagu, kowanne yana ɗebo ɓarɓashi, a gabansa kuma akwai ɗan tudu da ke hana shi nitsewa fiye da kima. Na taɓa karanta cewa wani mai saran itace a Amurka, Joseph Cox, shi ya kwaikwayo wannan siffa daga bakin wata tsutsar da ke cin itace, ya fara ƙera sarƙar a garin Portland a 1947. Haƙori irin wannan fuska ɗaya yake ci. A saman takobi, kaifin da ɗan tudun su kalli hanci, nesa da kai. In ka sa ta baibai injin zai yi ta kuka, sarƙa na gudu, itace ko ƙwarzane.

Na fara rataya ta a zoben, na tabbata ƙafafun sun faɗa gurbinsu, na bi da ita cikin tsagin sama, na zagayo hanci. Na zura takobin a kan bolti biyun, na duba ɗan hancin ƙarfen da sukurun ɗauri ke turawa ya shiga raminsa a jikin takobi. Wannan in bai shiga ba ka ɗaure murfi a kansa, lanƙwashewa yake yi. Na mayar da murfin, na ɗaura notocin da yatsu kawai.

Ɗaurin shi ne inda muka fi daɗewa, don shi ba lamba gare shi ba, hannu ne ke ji. Da hagu na ɗaga hancin takobin sama, da dama ina juya sukurun, ina kallon sarƙar da ke reto a ƙasa tana hawowa har ta manne da takobin. Dalilin ɗaga hancin shi ne takobi yana da ɗan wasa a kan boltinsa, in ka fara yanka itace zai tura shi sama, in ba a can ka ɗaure shi ba sarƙar ta saki nan take. Kawu ya ce in ja ta da hannu. Na ja, ta zagaya amma da nauyi.

"Ta yi tsauri. Maida kaɗan."

Na mayar da kwatan juyi. Yanzu tana manne a ƙasa, tana kuma zagayawa da jan hannu ɗaya, in na ɗago ta a tsakiya na saki sai ta koma tsagi da kanta, tas. Mai tsauri tana cin hancin takobi da boris, tana kuma sace ƙarfin inji. Mai sako-sako tana iya ficewa daga tsagi, ga abu yana gudun kusan mita 20 a daƙiƙa ɗaya, kusa da hannunka da cinyarka. Akwai ɗan ƙarfe a ƙasan murfi da aka sa don ya cafke ta in ta fice, na duba namu yana nan. Injina da yawa da na gani a hannun mutane nasu ya karye tuntuni ba a mayar ba. Hancin yana ɗage na ƙarasa ɗaure notocin da sifana.

A kan mai ne muka saɓa da Kawu. Shi duk rayuwarsa baƙin man da aka juye daga mota yake karɓowa wajen masu gyara ya zuba wa sarƙa, kusan kowa ma haka yake yi don kyauta ne ko kusa da kyauta. Ni ban yarda da shi ba. Man da ya gama aiki a mota yana ɗauke da garin ƙarfe da datti, ya tsinke ba ya kama sarƙa, ga shi yana cin famfon mai, yana kuma fesuwa a jikinka yini guda. Man sarƙa na ainihi mai yauƙi ne, yana da wuyar samu a nan kuma da tsada, don haka sabon man inji na zuba. Kawu ya ce kuɗina ne, in na ga dama in zuba man shanu. Fetur kuwa ba mu da gardama, lita 5 da mililita 100 na man gauraye mai kyau, wato kashi 50 da 1.

Na mayar da hular fulogi na tayar. Na riƙe hancin takobin a saman wani kwali, da tazara, na ba shi wuta kaɗan. Ɗan layin mai ya fito a kan kwalin, alamar famfo da ramin da na share suna aiki. Na bar sarƙar ta yi gudu minti biyu zuwa uku ba tare da ta taɓa itace ba, na kashe. Ta riga ta saki. Haka sabuwa take, gaɓoɓinta suna zama, dole ka riƙa tsayawa kana ƙara ɗauri a tankin farko fiye da yadda ka saba. Na sassauta noti, na ɗaga hanci, na ƙara, na ɗaure.

A wurin aikin da ƙananan rassa na fara. Kafin in hau gungumen na sa gatari na ɓare ɓawon a duk inda zan yanka, na duba ko akwai ƙusa, don ban sayo sarƙa in ciyar da yashi ba. Ɓarɓashi ya riƙa zubowa a kan takalmina, farare masu faɗi, injin yana jan kansa. Sabuwar sarƙa tana da cizo, saboda haka na ƙara kula da saman hancin takobi, wurin da in ya taɓa reshe injin ke zaburowa sama wajen fuska. Ban bari yanka ya kai ƙasa ba, in ya rage kaɗan sai yara su mirgina mini gungumen in ƙarasa ta ɗaya gefen. Mai unguwa ya so in bi har saiwoyin da suka tuge, na ce ya yi haƙuri ya nemo masu diga da gatari, wannan ba aikin sarƙa ba ne.

Da la'asar, kafin injin ya huce, na sassauta sarƙar. An ɗaure ta ne tana da zafi, ƙarfe kuwa in ya huce tsukewa yake yi, in ka bar ta a haka ta kwana tana jan sandar injin da boris ɗinsa. Tsohuwar sarƙar da zoben na ba yara su kai wa 'yan gwangwan, lambobin uku kuma na rubuta su da fenti a cikin murfin akwatin kayan aiki, 3/8 da 1.6 da 84. Kuɗin aikin nan in sun shigo, sarƙa ta biyu zan sawo in riƙa musanya su a kan sabon zoben, ɗaya na aiki ɗaya na jiran magagari, su ukun su tsufa tare.